Zuwa ga Hamza, Kafin Ya Sauka a Tsibiran Ƙamar

Madina, unguwar Sih,
cikin watan Safar.

Ɗana Hamza,

Assalamu alaikum wa rahmatullahi wa barakatuhu. Gaisuwa mai yawa da addu'a. Allah Ya sa wannan takarda ta same ka cikin ƙoshin lafiya, Ya tsare ka a sama da ƙasa da kan ruwa, Ya kai ka lafiya, Ya dawo mana da kai muna da sauran numfashi.

Za ka yi mamakin samun takarda daga mutumin da kuke kwana gida ɗaya. Na ba yayanka Usman, tunda shi zai zo daga Yanbu ya kai ka Jidda, na ce kada ya miƙa maka sai kun yi nisa da Madina. Da baki ba ma iya magana, ni da kai. In na fara da Hausa sai ka tare ni da Larabci, "Tayyib ya abuya, tayyib," ni kuwa na san ma'anarta ita ce in yi shiru. Don haka da gangan na rubuta da Hausa. Ka yi ta tuntuɓe a ciki har ka kai ƙarshe.

Ranar da ka shigo kana murna kana cewa, "Abuya, Juzurul Ƙamar aka tura ni in koyar!" ka ga na tashi na bar ɗakin. Innarka ta biyo ni tsakar gida.

Ta ce, "Malam, yaro ya zo da albishir, kai kuma ka zabura kamar an ce gobara."

Na ce, "Rabi, kin san inda za shi?"

Ta ce, "Na sani mana. Can inda ka baro dariyarka, aka kawo mini ragowar."

Tun daga ranar na kasa zama wuri ɗaya. In ina shago sai in ji gida nake so, in na zo gida sai in koma shago. Jiya na taka har Aƙiƙ ba tare da ina da abin yi a can ba. Kun san na taɓa zama a waɗannan tsibirai kafin in auri innarku, amma ban taɓa gaya muku yadda na baro su ba. Abin da ke hana ni sukuni shi ne, in na dube ka ni nake gani: takardar shahadar karatu a hannu, baki cike da hujja, ga gaggawa. Ina tsoron ƙasar ta yi maka abin da ta yi mini, ko ruwanta ya yi maka abin da ya fi haka.

Bari in fara da ƙasar, don na tabbata waɗanda suka tura ka ba za su iya nuna ta a taswira ba. Tsibirai huɗu ne a cikin teku, tsakanin gaɓar Mozambik da babban tsibirin Madagaskar. Babbansu shi ne Ngazija, inda Moroni take, can za ka sauka. Sai Nzuwani mai duwatsu da ƙoramu, sai Muwali ƙarami, sai Mawore. Ngazija kuwa dutse ne guda, mai wuta a ciki, sunansa Kartala, mutane suka zagaye gindinsa da gidaje. Alhazansu da ke zuwa shagonmu sun ce ko 'yan shekarun nan ya yi aman wuta ya cinye gidajen wani ƙauye. Ƙasar baƙin dutse ce mai kaifi. Silifas ɗin nan da kake ja a Harami ba za su yi maka sati ba, ka sayi takalmi mai rufi.

Lokacin da na je, Faransa ke mulki. Wani attajiri Bahadarame, mutumin Yaman, da ke da dangi a can ya ji ni ina karatu a Harami, ya ce ƙauyen matarsa na neman malamin Larabci. Ni a lokacin gani nake babu kamata. Na yi lakwal, wato boko, a Damagaram har Nasara suna nuna ni ga baƙi, na zo nan na ƙara da nahawu da fiƙihu. Na ce a raina, mai Larabci da Faransanci ina zai je ya ɓata?

Kuskurena na farko ke nan. Mutanen can suna karanta Alƙur'ani da kyau tun suna yara, kuma da haruffan Larabci suke rubuta harshensu, kamar ajaminmu. Amma da harshensu suke ciniki, da shi suke faɗa, da shi suke kuka. Harshen nasu ɗan'uwan Sawahili ne, kowane tsibiri da irin nasa, a Mawore ma akwai ƙauyukan da ke yin yaren Madagaskar. Faransanci na ofis ne. Ni kuwa na ƙi koyon nasu, na ɗauke shi yaren ƙauye. In Larabci ya ƙare mini sai in juya Faransanci, ban san cewa duk lokacin da na yi haka suna jin muryar kwamandan da mai karɓar haraji ba ne. Mutum ɗaya ne ya gaya mini gaskiya, wani tela mai suna Bakari, wanda ya zauna a Zanzibar ya iya Larabci. Shi ne tafintana, shi ne kuma abokina.

Ya ce, "Fundi," haka suke kiran malami, "kana da harshen Aljanna, kana da harshen gwamna. Saura na mutane."

Na yi dariya na wuce. Kai kada ka wuce. Ranar da ka sauka ka fara da gaisuwa, ka koyi yadda ake gai da tsoho da yadda ake gai da tsohuwa, ka bari yara su yi maka dariya. Kuma ka yarda da ni, wanda ya raina harshen uwarsa ba ya wahalar raina na wasu. Ba zan ƙara a kan wannan ba.

Na biyu shi ne babba, kuma a kan ɗan ƙyalle ya faru. Ka san yadda muke yi a nan, mutum ya cire shimagin kansa ko mayafinsa ya saɓa a kafaɗa in zafi ya dame shi. Juma'ata ta farko a ƙauyen na sa farar riga, na saɓa wani mayafi mai ado da na saya a Aden, na shiga masallaci na wuce kai tsaye sahun gaba, kamar yadda littafi ya ce wanda ya riga zuwa shi ke da wuri. Da aka idar na miƙe na yi wa'azi. Ba wanda ya ce uffan. Na ɗauka daɗin maganata ne ya kashe musu jiki.

A hanyar gida Bakari ya riƙe ciki yana dariya. Ya ce, "Barka da angwanci, Fundi! Shanu nawa ka yanka ba ka gayyace ni ba?"

Na ce, "Wane angwanci? Ni ko budurwa ba ni da ita."

Ya ce, "To ai kafaɗarka ta ce ka yi. Cire wannan abin kafin tsofaffi su mutu da haushi."

Sai ya warware mini. A Ngazija akwai abin da suke kira ada, wato babban aure. Mutum yakan yi rabin rayuwarsa yana shirinsa, danginsa na taya shi, ya ciyar da gari duka, ya kai wa amarya zinariya. Sai wanda ya yi shi ne cikakken mutum. Shi ke saɓa mayafi a kafaɗa, shi ke da wurin zama a gaba, shi ke magana a dandali in ana shawarar gari. Wanda bai yi ba, ko da furfura har gira, yaro ne. Ni kuwa na shigo, gwauro, baƙo, na ɗauki duka ukun a yini ɗaya.

Da na cire mayafin na je na ba dattawa haƙuri, da magana ta mutu a nan, don mutane ne masu yi wa baƙo uzuri. Amma ina! Ilimi ya hau mini kai. Juma'a ta gaba na sake saɓa shi da gangan, na yi huɗuba guda a kan almubazzaranci, na ce a gaban Allah ba mai fifiko sai da taƙawa. Bakari yana fassarawa yana rage wa maganar kaifi, ni kuma ina lura ina sa shi ya maimaita. Daga nan na wuce kan gidaje. A can gida na mace ne, ubanta ko kawunta ke gina mata, miji shi ke tarewa, wasu gonakin ma ta wajen uwa ake gadonsu. Na ce wannan ma ba daidai ba ne. Ban tambayi yadda malamansu suka zauna da abin shekaru aru-aru ba, ban lura cewa a ƙauyen nan babu sakakkiyar mace da ke kwana a titi ba.

Har yau ban ce duk abin da na faɗa ƙarya ne ba. Akwai ɓarna a cikin ada, su ma sun sani, matasansu na gunaguni. Amma ba su yi mini musu ba, Hamza. Da sun yi musu da na ji daɗi, don a nan na fi ƙarfi. Kawai sai suka janye. Yara suka daina zuwa karatu ɗaya bayan ɗaya. In na yi sallama a dandali a amsa a taƙaice, kowa ya dubi ƙafarsa. Ba a kirana suna, ba a kirana jana'iza.

A nan ne na san ƙasar da nake. A Ngazija ana ruwan sama kamar da bakin ƙwarya, amma babu kogi ko ɗaya mai gudu, dutsen yana shanye komai. Ruwan sha na tanki ne da ake ginawa a tara na sama, kuma kowane tanki da masu shi. Da rani ya yi, tankin gidan da aka sauke ni ya ƙafe. Ba wanda ya hana ni ruwa, amma sai na je na roƙa, a ƙofar mutanen da na kira almubazzarai. Girman kai ya sa na koma ɗibar na wani tsohon tanki da aka yi watsi da shi, na sha ba tafasawa. Ciki ya ɓaci, zazzaɓin sauro ya zo ya hau kai, har na fara ganin Damagaram a jikin bango. Matar mai masaukina ce ta riƙa aiko mini da romo, ita da na ce gidanta ba nata ba ne.

Saboda haka ka ji. Ka tafasa ruwa ko waye ya ba ka, in ba a gaban mai shi ba ne. Ka kwana cikin gidan sauro ko zafi zai kashe ka. Ƙwayoyin kinin da innarka ta cusa cikin jakarka ba ado ba ne, ka sha yadda likitan asibiti ya ce, kada ka jira sai jiki ya yi zafi. Ka shiga masallaci ka zauna a baya har sai an kama hannunka an kai ka gaba. Kafaɗarka ta zauna ba komai. Ka yi shekara kana kallo kafin ka ce wani abu haram ne, in ka ga maulidi da kiɗan dufu, wato mandiri, ka riƙe bakinka, in kuma lokacin magana ya yi, ka faɗa wa dattijo ɗaya a cikin ɗakinsa. Na san abin da aka koya muku a jami'a. Waɗanda suka koya muku suna nan cikin sanyin mukayyif, na'urar sanyaya ɗaki, ba su za su roƙi ruwa ba.

Na ajiye alƙalami na fita, na dawo. Wannan da zan rubuta yanzu shi ne na so in tsallake.

Da na warke sai na ƙudura barin Ngazija, in haye Nzuwani inda na ji ana neman malami. Lokacin kashkazi ne, iskar arewa mai zuwa da zafi da ruwa da guguwa. Na sauka Moroni, masu jahazi, wato jiragen katako masu tafiya da iska, duk suka ce a dakata. Ni kuwa ji nake in na ƙara kwana a tsibirin nan zan haukace. Na yi ta zagaya bakin ruwa har na sami mutum ɗaya da ya yarda, ya loda buhuna da awaki da mutane har ruwa ya kusa bakin jirgin. Bakari ya rako ni don ya yi mini ban kwana. Da ya ga jirgin sai ya girgiza kai.

Ya ce, "Fundi, wannan ko akuyar ciki ba ta yarda da shi ba. Dubi idonta."

Na ce, "Ina tawakkalinka, Bakari?"

Ya ce, "Yana gida wajen matata, can na bar shi." Sannan ya ce, "In ka sauka Nzuwani wa zai yi maka magana? Ko ruwa ba ka iya tambaya ba. Matsa mini."

Ya shigo. Da rana tsaka, muna ganin duwatsun Nzuwani, iska ta juya. Itacen tsakiyar jirgin ya karye, igiyar ruwa ta share gefe guda. Ta tafi da buhuna, da awaki, da mutum biyu. Ɗayansu Bakari ne. Mu sauran da ƙyar muka kai gaɓar Nzuwani. Ba a ga gawarsa ba. Yana da 'ya'ya mata uku, yana tara abin gina wa babbarsu gida.

Ban koma na gaya wa matarsa ba. Wasu ne suka kai labari.

To ka ji dokar ruwa daga bakin wanda ya saya da tsada. In masu jirgi suka ce ba a tafiya, ba a tafiya. In duka suka ƙi, ɗaya ya yarda, wannan ɗayan shi ne abin gudu. Ka dubi inda ruwa ya tsaya a jikin jirgi kafin ka sa ƙafa. An ce yanzu akwai ƙaramin jirgin sama tsakanin tsibiran, ka jira shi ko zai yi sati bai zo ba. Kai ɗan Madina ne, ruwan da ka sani shi ne na famfo da na Zamzam, ko iyo ba ka iya ba. Kuma kada ka taɓa ja wa wani kunya da sunan tawakkali. Da wannan kalma na kashe mutum.

Saura maganar hukuma. Waɗannan mutane sun ga mulki iri-iri. Asalinsu gauraye ne, mutanen gaɓar Afirka da Larabawa da Shirazawa da 'yan Madagaskar. A da kowane yanki da sarkinsa, suna ta yaƙi da juna, mahara kuma na zuwa daga Madagaskar cikin kwale-kwale suna kamun bayi, shi ya sa za ka ga tsofaffin garuruwa da ganuwa. Sai Faransa ta zo, kamfanoninta suka kwashe ƙasa mai kyau suka shuka furen turare da kanumfari. An sami 'yancin kai shekarun nan, tsibirai uku suka fita, Mawore ta zauna hannun Faransa, kuma har yau ciwo ne a ransu. Tun daga nan juyin mulki ake yi. Alhazansu in sun zo sayen tasbaha sai sun waiga kafin su gaya mini cewa sojojin haya, Turawa, su ke gadin fadar shugaba. Don haka in an tambaye ka ra'ayinka kan Mawore, ka ce kai baƙo ne. In ka ga Bature da kaki, ka sauya hanya. Kada ka ɗauki hoton tashar jirgi ko bariki, kada ka karɓi saƙon kaset ko takarda daga wanda ba ka sani ba. Fasfonka da iƙamarka ta zaman Saudiyya su zauna a jikinka, ka kuma lura da ranar da bizar dawowarka za ta mutu, don jawazat, jami'an shige da fice, ba su san an haife ka a Sih ba. A wurinsu kai Takaruni ne, baƙo ɗan Afirka, kamar ubanka. A can kuma za su gan ka baƙar fata mai Larabcin Madina, wasu su girmama ka fiye da kima, wasu su tambayi asalinka a bayan idonka. Kada ɗayan biyun ya shiga kanka.

Kada ka ɗauka ƙasar ba ta da daɗi. Da yamma ƙamshin furen nan yakan sauko daga tudu har cikin masallaci. Akwai shinkafa da madarar kwakwa, akwai ayaba da ake dafawa da kifi, har yau in na tuna sai yawuna ya tsinke. Mutane ne masu kunya da son baƙo. Ni ne ban iya zama baƙo ba.

Abu na ƙarshe. Bayan Nzuwani ban iya koyar da kowa ba. In na buɗe littafi sai in ga ruwa. Na lallaɓo na dawo Hijaz a jirgin kaya. Tun ina can na aika wa mahaifina, kakanka, cewa na zama babban malami a tsibiran teku, aka yi ta faɗa a unguwarmu a Damagaram. Sai na ji kunyar komawa hannu wofi. Na ce bari in gyara tukuna, in sami abin nunawa. Ina cikin gyaran aka ba ni aure, ina cikin gyaran na shiga shagon wani da ko sunansa ba ya iya rubutawa daidai, yau shekara nawa ina auna masa tasbaha da darduma. Ina cikin gyaran wani alhaji ɗan garinmu ya tsaya sayen turare, ya dube ni ya ce, "Kai ba ɗan Malam Habu ba ne? Allah Ya ji ƙansa. Har ya rasu in an yi sallama da yamma sai ya ce a duba ko kai ne."

Na ba shi turarensa, na karɓi kuɗi, na juya ga mai saye na gaba.

Hamza, wannan ne dalilin takardar, sauran duka hanya ce. Mai yiwuwa ka yi duk abin da na ce, abin kuma ya ƙi. Mai yiwuwa su juya maka baya, ko ciwo ya kayar da kai, ko waɗanda suka tura ka su manta da kai. In haka ta faru, ka dawo. Kada ka tsaya gyara. Ba na bukatar ka zama babban malami, na ga inda wannan ke kai mutum. Ka dawo ko da riga ɗaya, ka ƙwanƙwasa ƙofa, ba zan tambaye ka komai ba, in kuma innarka ta fara tambaya ni zan tare ta. Ni dai kada ka bar ni ina cewa a duba ko kai ne.

Na yafe maka duk abin da ke tsakaninmu, kai ma ka yafe mini zafin bakina. Na sa maka albarka a wannan tafiya, da zuciya ɗaya. Allah Ya tsare gabanka da bayanka, Ya kare ka daga sharrin ruwa da iska da zazzaɓi da masu bindiga, Ya kare mutanen can daga kaifin harshenka, Ya sa su so ka. Na ba Allah ajiyarka, Shi da ajiya ba ta ɓata a wurinSa.

Wassalam.

Mahaifinka,
Isiyaku.